Bado da sunansa na kimiyya: me Nymphaea lotus ke nufi, kuma daga ina ya fito?

Tambaya: A littattafan ilimin tsirrai ina ganin ana rubuta Nymphaea lotus a gaban bado. Mene ne ma'anar waɗannan kalmomi biyu, wa ya raɗa su, kuma shin badon da muke gani a tafkunanmu shi ne furen lotus ɗin nan da mutanen Indiya da Sin suke girmamawa?

Amsa: Ɗan'uwa, bari mu fara da ƙarshen tambayarka, domin a nan ne mutane suka fi tuntuɓe. Badonmu ba shi ne furen Indiya ba. Tsirrai ne biyu daban, ko zuriya ba su haɗa ba. Wanda ya yi daidai da farin badonmu shi ne farin furen ruwa na tsohuwar Masar, wanda ake gani a zanen bangon kaburburan zamanin fir'aunoni. Abin da ya haɗa bado da furen Indiya kalma ɗaya ce tak, wato lotus, wadda Girkawan dā suka riƙa liƙa wa tsirrai barkatai. Su suka shuka ruɗanin, mu kuma muka gada.

Idan an rubuta sunan cikakke, haka za ka gan shi: Nymphaea lotus L. Kalmar farko sunan gida ce, ta tattara duk nau'o'in bado na duniya, waɗanda sun haura 40, kuma kullum da babban baƙi ake fara ta. Ta biyu ita ke ware nau'i ɗaya daga cikin 'yan gidan, kuma da ƙaramin baƙi ake rubuta ta ko da asalinta sunan mutum ne ko na gari. Harafin L. da ke ƙarshe ba ya cikin sunan, sa hannun wanda ya raɗa shi ne: Carl Linnaeus, masanin tsirrai ɗan ƙasar Suwidin, a littafinsa Species Plantarum na shekarar 1753. Masana sun yi ittifaƙi cewa daga ranar 1 ga Mayu 1753 ake fara lissafin sunayen tsirrai masu fure, saboda haka sunan bado yana cikin rukunin farko. Amma Linnaeus bai ƙirƙiri ko ɗaya daga cikin kalmomin biyu ba. Tsintar su ya yi a rubuce-rubucen Girkawa da Rumawa, ya haɗa su wuri ɗaya.

Nymphaea, wadda za ka iya furtawa "nimfeya", daga Girkanci take. Girkawan dā sun yi imani da wasu halittu mata da ke zaune a idanun ruwa, ƙoramu, kurmi da kogon duwatsu, wani abu mai kama da abin da Bahaushe ke kira 'yan ruwa. Sunan ɗaya daga cikinsu nymphe, kuma kalmar a maganar yau da kullum tana nufin amarya ko budurwar da ta isa aure. Daga nan aka kira furen da ke zaune bisa ruwa nymphaia. Theophrastus, almajirin Aristotle, wanda ya rayu a ƙarni na 4 zuwa na 3 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya yi amfani da sunan. Likitan Girkawa Dioscorides, a ƙarni na 1 bayan haihuwar Annabi Isa, ya bayyana dalilin a sauƙaƙe: tsiro ne mai son wurin ruwa. Pliny na Rum, wanda suka yi zamani ɗaya, ya kawo tatsuniyar da ake yi cewa furen ya tsiro ne daga wata nymphe da kishi ya kashe saboda jarumi Hercules. Bayanin Dioscorides shi ne abin riƙewa. Na Pliny yana nuna mana yadda mutane ke ƙaga wa suna labari bayan sunan ya daɗe a bakinsu, abin da za mu sake gani idan mun zo kan kalmar bado.

Akwai wani abu da zai iya rikita ka a tsofaffin littattafai. A 1805 wani masani Bature ɗan Ingila, Richard Salisbury, ya raba gidan biyu: ya bar sunan Nymphaea ga wani bado mai rawayan fure na ƙasashen sanyi, ya kira masu farin fure da shuɗi Castalia, sunan wani idon ruwa a Delfi ta ƙasar Girka. A 1809 James Edward Smith ya yi akasin haka, ya bar Nymphaea ga farare, ya kira mai rawayan Nuphar. Tsarin Smith ne ya tsaya. Idan ka ci karo da Castalia a littafin ƙarni na 19 ko farkon na 20, gidan bado ake nufi.

Yanzu ga lotus, wadda ita ce tushen matsalar.

A nahawun sunayen kimiyya, kalma ta biyu yawanci siffa ce: alba na nufin fari, micrantha mai ƙaramin fure, caerulea mai launin shuɗin sama. Lotus ba siffa ba ce. Suna ce da aka ajiye kusa da wata suna, tana cewa "badon nan da mutanen dā ke kira lotos". Shi ya sa ba ta sauya kama duk gidan da aka kai ta. Kuma an kai ta gidaje da yawa, domin a bakin Girkawa lotos ba tsiro ɗaya ba ne. Sun kira wata ciyawar kiwo da dawaki ke ci lotos. Ita ce ta bar sunanta ga gidan da a yau ake kira Lotus, wanda ke cikin zuriyar wake da gyaɗa. Sun kira wani ƙaramin itace mai ƙaya na Arewacin Afirka lotos, mai 'ya'ya masu zaƙi. Shi ne Ziziphus lotus, ɗan gida ɗaya da magarya da kurna. Shi ne masana da yawa ke ganin ake nufi a tsohon labarin Girkawa na mutanen da ke cin lotos har baƙo ya manta da hanyar gida. Akwai kuma Diospyros lotus, itacen da ke fitowa daga yankin Turkiyya da Farisa har zuwa Sin, ɗan gida ɗaya da kanya. Ka ga ke nan ɗan'uwan magarya, ɗan'uwan kanya, ɗan'uwan wake da bado duk suna amsa suna ɗaya, alhali babu abin da ya haɗa su a halitta.

Yadda bado ya shiga wannan layi, ta hannun marubucin tarihi Herodotus ne, wanda ya ziyarci Masar a ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa. Ya rubuta cewa idan Kogin Nilu ya yi ambaliya ya shafe filaye, wani fure yakan fito da yawa a cikin ruwan, wanda ake kira lotos. Mazauna fadama sukan tsinko shi su shanya a rana, su daka tsakiyarsa mai cike da ƙananan ƙwayoyi, su yi gurasa su gasa. Ya ce saiwarsa ma ana ci, kewayayya ce, girman tuffa, mai ɗan zaƙi. Duk wanda ya tashi a bakin tafki a ƙasar Hausa ya san wannan bayani ba na baƙon tsiro ba ne. Bado ne, da yadda ake cin sa. Wannan ne ya sa Linnaeus ya ɗora kalmar a kan farin badon Afirka.

A wuri ɗaya kuma Herodotus ya ambaci wani furen ruwa na biyu, ya ce 'ya'yansa suna kama da saƙar rina, cike da ƙwayoyi manya da ake ci ɗanye ko busasshe. To, wannan na biyun shi ne furen Indiya. Ba ɗan asalin Masar ba ne, daga Asiya aka kawo shi a ƙarshen zamanin fir'aunoni, kuma masana suna danganta zuwansa da lokacin da Farisawa suka mallaki ƙasar. Linnaeus da kansa ya ɗauka ɗan gidan bado ne, ya kira shi Nymphaea nelumbo. A 1788 Bajamushe Joseph Gaertner ya ba shi sunan da yake ɗauke da shi yanzu, Nelumbo nucifera: nelumbo daga harshen Sinhala na Siri Lanka, nucifera kuwa Latin ce, ma'ana mai ɗauke da ƙwallo. Binciken ƙwayoyin gado na zamanin nan ya nuna ya fi kusa da wasu itatuwan tudu fiye da bado. Zaman ruwa ne kawai ya sa suka yi kama. Sai dai a Turanci sunan lotus ya fi manne wa wannan na Asiya, har ya zama idan an faɗi kalmar shi ake fara tunawa, shi kuma mai ɗauke da ita a sunan kimiyya an manta da shi.

Rarrabe su ba ya buƙatar na'ura. Fara da ganye. Ganyen farin bado yana kwance bisa ruwa, kewayayye, faɗinsa daga santimita 10 zuwa 30, wani lokaci ya wuce haka a ruwa mai taki. Yana da tsaga ɗaya daga baki zuwa kusa da inda kara ya kama shi, gefensa kuma yana da haƙora masu tsini. Juya shi, za ka ga jijiyoyi sun fito ɓaro-ɓaro, bayan ganyen sau da yawa ja-ja ne mai duhu, da ɗan gashi mai laushi. Ganyen Nelumbo ba shi da tsaga ko kaɗan, karansa a tsakiya yake, yakan miƙe sama da ruwa har mita ɗaya ko fiye, kuma ruwa ba ya jiƙa shi, sai dai ya dunƙule ya gangare.

Sai fure. Na farin bado yana buɗewa ne da dare, ya kai hantsi a buɗe, sannan ya rufe. Haka zai yi ta yi dare uku zuwa huɗu. Wanda ya je tafki da azahar zai ce badon bai yi fure ba, alhali barci yake. Faɗin furen santimita 10 zuwa 20 ne, da koren ganye huɗu masu rufe toho, da fararen ganyen fure a jere, da zaruruwa rawaya masu yawa a tsakiya. A daren farko ɓangaren mace ne ke shirye, sai a darare na gaba zaruruwan su saki garin fure, kuma a Afirka ta Yamma wani ƙwaro dangin buzuzu mai yawon dare yana cikin masu kai garin daga fure zuwa fure. Bayan nan sai karan ya lanƙwashe ya ja furen ƙarƙashin ruwa, a can ɗan yake nuna. Ƙwallo ne mai faɗin santimita 4 zuwa 9, cike da ɗaruruwan ƙwayoyi, kowace ba ta wuce milimita 1 zuwa 2 ba. Idan ya fashe, ƙwayoyin sukan taso su yi yawo bisa ruwa na ɗan lokaci saboda wata fata mai riƙe iska da ta lulluɓe su, kafin su nutse cikin laka. Na Nelumbo kuwa da rana yake buɗewa, yawanci ruwan hoda ne ko fari, yana tsaye can sama da ruwa, kuma 'ya'yansa a sama suke bushewa cikin wani kai mai faɗi da ramuka, kowane rami da ƙwaya ɗaya mai tauri, tsawonta wajen santimita 1.5 zuwa 2. Taurin ƙwayar ya kai inda wasu da aka tono a busasshen tafki a arewa maso gabashin Sin suka tsiro bayan kimanin shekara 1,300.

A ƙarƙashin laka ma sun bambanta. Bado yana da dunƙulen saiwa mai baƙin ɓawo, wanda ke kwanciya cikin busasshiyar laka duk tsawon rani ya jira ruwa. Nelumbo yana da doguwar saiwa mai gaɓa-gaɓa da ramuka a ciki, irin wadda ake yankawa a girkin Sinawa. Ba ya fitowa da kansa a fadamun Afirka ta Yamma. Idan ka gan shi, wani ne ya dasa.

Masarawan dā suna da bado iri biyu, farin da muke magana a kai da kuma shuɗi mai buɗewa da safe ya rufe da rana. Shuɗin shi ne Nymphaea caerulea, sunan da Savigny, masanin da ya je Masar tare da rundunar Napoleon a 1798, ya raɗa masa. Littattafai da yawa na yanzu suna sa shi ƙarƙashin Nymphaea nouchali. Sun girmama furen ƙwarai: suna sassaƙa kawunan ginshiƙai da siffarsa, kuma a rubutunsu hoton tsiron shi ne alamar lamba 1,000. Kalmarsu ta furen ita ce seshen. Masana harshe da yawa suna ganin daga ita Ibrananci ya sami shoshan, Larabci ya sami sausan, kuma ta nan ne sunayen mata irin su Sausan da Suzana suka fito, kodayake a waɗannan harsuna kalmar ta koma kan furannin tudu. A Larabcin Masar har yau ana ce wa bado bashnin, ana kuma kiran sa ara'isun Nil, wato amaren Nilu. Abin sha'awa ne a ce Girkawa da Masarawa, kowa ta hanyarsa, sun dubi furen nan sun ga amarya.

'Yan'uwanmu na Nijar da Kamaru da Chadi da suka yi karatu da Faransanci sun san bado da nénuphar. Wannan kalma ta yi doguwar tafiya. Asalinta Sanskrit ne na Indiya, nilotpala, haɗin nila mai nufin shuɗi da utpala mai nufin furen ruwa. Farisawa suka mai da ita nilufar, Larabawa suka karɓa suna cewa nilufar ko ninufar, likitocin Turai suka ɗauka daga littattafan magani na Larabci da aka fassara zuwa Latin. Kuskuren da ake yawan yi shi ne ɗauka cewa "nil" ɗin farkon kalmar Kogin Nilu ne. Ba shi ba ne. Launi ne, kuma tushensa ɗaya da nila, sunan da Larabawa ke kiran shunin baba. Haruffan "ph" ma da ke cikin rubutun Faransanci sun sa kalmar ta yi kama da ta Girkanci alhali ba ita ba ce, shi ya sa gyaran rubutun Faransanci na 1990 ya ba da shawarar a riƙa rubuta nénufar. Sunan Nuphar da Smith ya bai wa mai rawayan fure daga wannan tushe yake.

Sai kalmarmu, bado. Sunayen tsirrai a Hausa iri biyu ne. Akwai masu bayyana kansu, waɗanda ko yaro ya ji zai gane abin da aka duba aka raɗa su: nonon kurciya, rai-ɗore, tsamiyar biri. Akwai kuma waɗanda kalma ɗaya ce dunƙulalliya, ba ta tsaguwa, irin su gero, dawa, kuka, gawo. Bado yana cikin waɗannan na biyu, kuma irin wannan suna galibi tsirran da mutane suka daɗe suna rayuwa da su ne ke samun sa. Don haka idan wani ya raba maka kalmar gida biyu ya ce daga "ba" da wani abu take, ya kawo labari mai daɗi a kai, nemi hujjarsa a tsofaffin rubuce-rubuce ko a harsunan da ke da dangantaka da Hausa kafin ka rubuta. Kamannin sauti kaɗai ba hujja ba ne. A rubuce dai, J. M. Dalziel, likita kuma masanin tsirrai da ya yi aiki a Arewacin Najeriya, ya sa kalmar a littafinsa na sunayen tsirrai da Hausa na 1916, haka ma ƙamus ɗin Bargery na 1934.

Abin da ya fi muhimmanci ga aikinka shi ne faɗin kalmar. Bahaushe yana kiran farin da bado, yana kiran shuɗin ma da bado. Ke nan bado ya fi dacewa da gidan Nymphaea gaba ɗaya, ba da nau'in lotus kaɗai ba. A tafki ɗaya kana iya samun farin mai haƙora a ganye da kuma Nymphaea micrantha, wanda furensa ƙarami ne, fari mai shuɗi-shuɗi, yana buɗewa da rana, gefen ganyensa sumul. Wannan na biyun yana da alama da ba ta ɓuya: a daidai inda kara ya haɗu da ganye, ta sama, yakan fitar da ɗan ƙullutu wanda ke zama sabon tsiro. Duk wanda ya tambayi masunci sunan tsiro, aka ce masa bado, ya koma ya rubuta Nymphaea lotus ba tare da ya duba ganye da lokacin buɗe fure ba, caca ya yi.

Kada kuma a haɗa shi da kainuwa, wadda ake wa kirari da dashen Allah saboda yawo take bisa ruwa, saiwarta ba ta kama ƙasa. Ita Pistia stratiotes ce, 'yar zuriyar gwaza. Bado kuwa a kafe yake cikin laka, doguwar igiyar karansa ce kawai ke kai ganye sama, kuma karan yana da ramukan iska da ke kai numfashi ga saiwa.

Wannan bambance-bambance ba gardamar malamai ba ce kawai, tana da sakamako. Ɗalibi zai auna sinadaran ƙwayar badon da ya samo a dausayin Haɗeja da Nguru ko a bakin Tafkin Chadi, ya nemi abin kwatantawa a intanet da kalmar lotus kaɗai, ya kwaso alƙaluman ƙwayar Nelumbo ta Sin ya jera kusa da nasa. Sakamakon ba zai yi ma'ana ba, domin tsiro biyu ya gwama. Mai sayar da magani zai karanta amfanin ganyen lotus a likitancin Sinawa ya ɗora wa bado, har da awon da za a sha. Wannan hatsari ne, kuma muna roƙon a daina. Mai son ƙawata gidansa zai sayi irin lotus, a kawo masa manyan ƙwayoyi masu tauri, ya jefa a ruwa ya yi ta jira. Waɗannan sai an goge gefe ɗaya da magagari ko takardar yashi har farin naman ƙwayar ya ɗan bayyana kafin su sha ruwa su tsaga. Irin bado ba ya buƙatar haka: a yayyafa shi bisa laka mai yumɓu a faffaɗan kwano, a rufe da yashi kaɗan, ruwa ya hau kansa santimita 2 zuwa 5, a ajiye a rana, a riƙa ƙara zurfin ruwan yayin da ganye ke girma. Idan saiwa za a dasa, a bar idonta a waje, kada a binne shi, cikin ruwa mai zurfin santimita 30 zuwa mita 1. Taki ɗanye yana ruɓar da saiwa ya kuma ɓata ruwan, inuwa kuwa tana hana fure.

Maganar ci da Herodotus ya yi har yanzu tana nan da ranta. A kwarin Kogin Sanagal ana dafa ƙwayar bado kamar shinkafa, a fadamun Sudan ta Kudu ita ce ke riƙe iyalai da yawa a shekarun yunwa, a ƙasar Hausa kuma an san garinta da gasasshiyar saiwarta. Ana lalubo nunannun ƙwallayen a ƙarƙashin ruwa bayan damina, ko dai a shanya su su bushe a daka, ko a tara su kwana kaɗan naman ya yi laushi a wanke ƙwayar. Daga nan a busar sosai, a surfa, a sheƙe, a niƙa. Ƙwayar da ba ta bushe ba tana yin fumfuna a buhu. Saiwar a dafa ta ko a gasa, ɗanyarta tana da bauri. Abu biyu ne ke cutar da masu wannan aiki. Na farko tsargiya: ƙananan katantanwar da ke ɗauke da cutar suna son maƙalewa a bayan ganyen bado, saboda haka mai shiga irin wannan ruwa, musamman yara, idan ya ga jini a fitsari ya je asibiti, akwai maganinta. Na biyu kududdufin cikin gari da ruwan kwata ko na masana'anta ke zuba ciki. Bado yana zuƙar dattin ƙarfe daga laka, wanda ya fito a irin wannan wuri ba na ci ba ne komai kyansa.

Idan kana son tabbatar da sunan badon da ke hannunka, je tafkin sau biyu, da asuba da kuma bayan azahar, ka rubuta lokacin da furen yake buɗe da launinsa, domin launi yakan gushe idan ya bushe. Ɗauki hoton ganye gaba da baya, da ma'auni a gefe. Ciro ganye cikakke da ɗan karansa, fure ɗaya, da ƙwallo ɗaya idan akwai. Tsaga furen biyu ta tsaye kafin ka danne shi, in ba haka ba tsakiyarsa za ta ruɓe kafin ta bushe. Shimfiɗa su tsakanin tsofaffin jaridu, ka ɗora katako da abu mai nauyi, ka riƙa sauya jaridun kullum, a kwana biyun farko ma sau biyu a rana, saboda tsiron ruwa yana da danshi fiye da na tudu. Ƙwayoyin a zuba su a ƙaramin ambulan daban. A takardar da za ta bi samfurin rubuta gari, sunan tafki, kwanan wata, zurfin ruwa, da sunan da mutanen wurin suka faɗa maka da harshen da suka faɗe shi, ko da ya saɓa wa wanda ka sani. Sannan ka kai ma'ajiyar busassun tsirrai ta jami'a, irin ta Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya ko ta Jami'ar Bayero a Kano, ko ta cibiyar binciken gandun daji da ke Ibadan, a gwada da samfuran da aka riga aka tantance, a ba ka lambar ajiya. Wannan lamba ita za ka sa a rahotonka kusa da sunan, domin duk wanda ya yi shakka daga baya ya je ya duba da idonsa.